Heinrich Gretler: gwaninta ce ta ɗaga shi, ko zamani ne ya yi da shi?

Habibu ya rubuta:

Assalamu alaikum. Ina da tambaya ga waɗanda suka san tarihin fim da wasan kwaikwayo na ƙasashen da ke magana da Jamusanci. A cikin tsofaffin fina-finan Suwizalan, tun daga ƙarshen shekarun 1930 har zuwa farkon shekarun 1960, akwai wani ɗan wasa mai suna Heinrich Gretler wanda da wuya a yi babban fim ba da shi ba. Yau shi ne ɗan sanda, gobe babban manomi, jibi shugaban al'umma na zamanin da, kuma shi ne kakan yarinyar nan Heidi a fim ɗin 1952. Abin da ya ɗaure mini kai shi ne ba shi da siffar da aka saba gani ga jarumin fim, domin kakkauran mutum ne mai faɗin fuska da kaurin murya, kuma ba shi ake bai wa rawar saurayin da 'yan mata ke rububi ba. Duk da haka sunansa ya fi na samarin da ya fito tare da su daɗewa a bakin mutanen ƙasarsa.

Na kuma lura cewa kafin wannan lokaci ya yi shekaru a Berlin, inda a fina-finai ƙananan rawa kawai yake samu. Shin gwaninta ce tasa wadda Jamusawa suka kasa ganewa, ko kuwa yaƙi da siyasar lokacin ne suka buɗe masa ƙofar da ba za ta buɗu ba in da ana zaman lafiya? Sannan ta yaya irin wannan ɗan wasa yake riƙe sana'a a ƙaramar ƙasa, wadda karin harshenta ma ba kowane Bajamushe ke fahimtarsa ba? Zan ji daɗin bayani daga masana.

Malam Ɗanjuma ya amsa:

Wa alaikumus salam, Malam Habibu. Kafin a yanke hukunci a kan tambayarka ta farko, ya kamata a bi hanyar da mutumin ya biyo, domin amsar tana cikinta.

An haifi Gretler a Zurich a ranar 1 ga Oktoba 1897. Aikin koyarwa ya fara karanta, har ya ɗan koyar a makaranta, kafin ya karkata ga dandamali, inda ya yi shekaru yana waƙa da wasa a gidan wasan birnin Zurich. A 1926 ya tafi Berlin, wadda a wancan zamani ita ce cibiyar wasan kwaikwayo na Jamusanci, duk ɗan wasan da yake son a san da shi can yake dosa. Gaskiya ne abin da ka faɗa, a fim bai wuce ɗan rakiya ba: yana cikin taron mutanen da suka fito a fim ɗin M na Fritz Lang a 1931, kuma sai mai kallo ya zuba ido sosai kafin ya tsinkaye shi. Amma kada a auna shekarunsa na Berlin da fim kaɗai, saboda ainihin aikinsa a can a kan dandamali yake, kuma a nan ne ya koyi yadda ake sarrafa murya da numfashi a gaban ɗaruruwan mutane dare bayan dare.

Da 'yan Nazi suka karɓi mulki a 1933 sai ya bar Jamus ya koma gida. Bai koma shi kaɗai ba. 'Yan wasa da daraktoci da yawa, Yahudawa da masu adawa da gwamnatin Hitler, suka gudo zuwa Zurich, gidan wasan da ake kira Schauspielhaus ya ɗauke su. Cikinsu akwai Therese Giehse, da Wolfgang Langhoff wanda ya ɗanɗani zaman sansanin tsare fursunoni kafin ya tsere, da Leonard Steckel, da darakta Leopold Lindtberg. Bayan Jamus ta haɗiye Ostiriya a Maris 1938, wannan gida ya zama babban dandamalin Jamusanci da ya rage wanda ba ya ƙarƙashin ikon 'yan Nazi, kuma a nan aka fara nuna wasan Mutter Courage na Bertolt Brecht a 1941. Ka ga ke nan Gretler ya sami kansa a tsakiyar gwanaye irin waɗanda Zurich ba ta taɓa tarawa a wuri guda ba, amma yana da abu ɗaya da yawancinsu ba su da shi: shi ɗan ƙasa ne, kuma karin harshen Zurich shi ne harshen da ya tashi da shi. A lokaci guda ya shiga ƙungiyar barkwancin siyasa ta Cabaret Cornichon, wadda take wasanninta a otal ɗin Hirschen, tana yi wa masu ra'ayin Nazi shaguɓe a cikin karin harshen gida.

Sai kuma buƙatar gwamnati ta zo daidai da abin da yake da shi. A ƙarshen 1938 gwamnatin tarayya ta fito da manufar kare ƙasa ta fuskar tunani da al'ada, wato a cusa wa jama'a cewa su al'umma ce daban, ba reshen Jamus ba, ko da yake mafi yawansu Jamusanci suke karantawa da rubutawa. Kamfanin Praesens-Film na Lazar Wechsler ya shiga shirya fina-finai a cikin karin harshen ƙasar. A Füsilier Wipf na 1938, Paul Hubschmid ne saurayin jarumi, Gretler kuwa shi ne tsohon sojan da yake saita masa hankali a lokacin gadin iyaka na Yaƙin Duniya na Farko. A 1939 ya taka rawar Wilhelm Tell a dandamali, a wasan da Schiller ya rubuta kan mafaraucin da ya ƙi rusuna wa azzalumin gwamna na ƙetare, wasan da Hitler da kansa ya hana nunawa a Jamus a 1941. A 1941 ɗin kuma, shekarar da ƙasar take bikin cika shekara 650 da ƙulla yarjejeniyar 1291 da ake ɗauka a matsayin tushen kafa ƙasar, ya fito a fim ɗin Landammann Stauffacher a matsayin shugaban da ya haɗa kan mutanensa gabanin yaƙin Morgarten na 1315.

Zamani riga ne, kuma babu shakka wannan rigar ta yi masa daidai. Amma ni abin da ya gamsar da ni cewa akwai gwaninta shi ne Wachtmeister Studer na 1939, wanda Lindtberg ya ba da umarni, daga littafin Friedrich Glauser. Studer saje ne a rundunar 'yan sandan jihar Bern, dattijo wanda aka bari a baya wajen ƙarin girma. An kashe wani ɗan kasuwa a ƙauye, an kama wani matashi mai tsohon laifi, kowa ya gamsu cewa shi ne, har yaron ya yi yunƙurin rataye kansa a ɗakin tsaro. Studer ne ya cece shi, kuma shi kaɗai ya ƙi yarda a rufe maganar. Irin wannan rawa ba ta da tsalle ko harbi, kusan dukkanta zama ce da sauraro. Gretler yakan zauna da nauyin jikinsa, doguwar siririyar tabarsa ta Brissago a baki, ya bar mai magana ya yi ta zuba har ya faɗi abin da bai yi niyyar faɗa ba, kuma mai kallo yana ganin lokacin da maganar ta shige shi ba tare da ya ɗaga murya ba. Wannan ba abu ne da gwamnati za ta iya ba da odarsa ba. Da ya sake ɗaukar rawar a Matto regiert a 1947, yaƙi ya ƙare, babu sauran barazanar mamaya, amma wasan bai rage armashi ba.

Malama Rakiya ta amsa:

Malam Ɗanjuma ya kawo tarihi yadda yake, kuma ban musanta gwanintar Gretler ba, sai dai ina ganin ya wuce da sauri a wurin da ya kamata a tsaya. Mutumin da Gretler yake nunawa a waɗannan fina-finai, wato dattijo mai gaskiya, mai kaushin baki da taushin zuciya, wanda ba ya tsoron mai mulki kuma ba ya wulaƙanta mai rauni, shi ne yadda mutanen Suwizalan suke son su ga kansu. Abin tambaya shi ne ko ƙasar ta kasance haka a waɗannan shekarun.

A Oktoba 1938, shekarar da aka fitar da Füsilier Wipf, an fara buga harafin J a fasfo ɗin Yahudawan Jamus bayan tattaunawa tsakanin hukumomin ƙasashen biyu, abin da ya sauƙaƙa wa jami'an iyaka gane wanda za su mayar. A Agusta 1942 aka tsaurara rufe iyaka ga masu gudun hijira, aka mayar da dubban mutane inda suka fito, alhali labarin abin da ake yi wa Yahudawa ya fara isowa. Abin mamaki kuma shi ne waɗanda suka ƙera wannan kyakkyawan hoto na ɗan Suwizalan su kansu baƙi ne. Wechsler Bayahude ne da ya zo daga yankin Poland, Lindtberg kuwa Bayahude ne haifaffen Vienna, wanda ya yi shekarun yaƙi yana aiki da izinin hukumar kula da baƙi. Su ne suka ɗauki ɗan ƙasa suka tsayar da shi gaban kyamara a matsayin madubin al'umma, su kuma suna bayanta ba su da tabbacin makomarsu. Ba laifin Gretler ba ne, domin ya bar Jamus da ƙafarsa kuma matsayinsa a kan 'yan Nazi ba ɓoyayye ba ne, amma duk wanda zai auna aikinsa dole ya sa wannan a ma'auni.

Abu na biyu shi ne abin da farin jinin ya yi masa shi kansa. Bayan yaƙi, masu shirya fim sun gano abin da jama'a ke so daga gare shi, suka yi ta neman ya maimaita. A Heidi na 1952, wanda Luigi Comencini ɗan Italiya ya ba da umarni, shi ne tsohon da ya ƙaurace wa mutane ya tare a kan dutse, har jikarsa ta zo ta sassauta masa zuciya. A 1955 ya maimaita rawar a Heidi und Peter, fim mai launi na farko da aka shirya a ƙasar. A Uli der Knecht na 1954, daga littafin Jeremias Gotthelf, shi ne manomin kirki da yake yi wa baransa nasiha har ya zama mutum. A Es geschah am hellichten Tag na 1958, wanda Friedrich Dürrenmatt ya rubuta labarinsa, shi ne kwamandan 'yan sanda, yayin da rawar da ke da nama a jiki ta tafi ga Heinz Rühmann da Gert Fröbe da Michel Simon. Haka kuma ya yi ta fitowa a fina-finan ƙauye da duwatsu da ake yayi a Jamus ta Yamma da Ostiriya a shekarun 1950, yawancinsu ba su da abin tunawa. Ɗan wasan da aka ce gwanintarsa ita ce shiga halin mutane iri-iri, sai ga shi a fim an tsare shi a hali ɗaya na uba ko kaka. Ni a wurina wannan asara ce, ko da ta zo da kuɗi da ɗaukaka.

Habibu ya sake rubutawa:

Na gode muku ƙwarai, Malam Ɗanjuma da Malama Rakiya. Maganar Malama ta ƙara mini wata tambayar. Idan har fim ya tsare shi a hali ɗaya, me ya sa ake lissafa shi cikin manyan 'yan wasan dandamali na zamaninsa? Ko kuwa a can ma dattijon kirkin yake ta maimaitawa? Kuma har yanzu ina jiran bayani kan batun harshe da abin da ɗan wasa ke ci da shi.

Malam Isiyaku ya amsa:

Malam Habibu, tambayoyinka biyun nan amsarsu ɗaya ce, kuma tana cikin yadda aka tsara gidajen wasan kwaikwayo a ƙasashen Jamusanci. Babban gidan wasa a can ba ya tara 'yan wasa domin wasa ɗaya sannan ya sallame su. Yana ɗaukar ayari ne na dindindin, da kwantiragi na kakar wasa guda ko fiye, ana biyansu albashi, kuma gidan yana riƙe da wasanni da dama a lokaci ɗaya yana juya su, ta yadda ɗan wasa zai iya zama sarki a daren Talata, ya zama mai gadin ƙofa a daren Laraba. A al'adar da aka gada, kowane ɗan wasa da sashen da aka ɗauke shi dominsa: akwai mai rawar saurayi, akwai mai rawar gwarzo, akwai mai barkwanci, akwai mai rawar uba, akwai kuma wanda ake bai wa mutane masu wuyar hali. Saurayi yana da 'yan shekaru ƙalilan kafin fuskarsa ta fara ba shi kunya, amma wanda ke cikin sassan ƙarshen nan shekaru ƙara masa daraja suke yi. Shi ya sa Gretler ya kai ganiyarsa bayan ya haura arba'in, kuma ya ci gaba da hawa dandamali har ya manyanta, kafin rasuwarsa a ranar 30 ga Satumba 1977, saura kwana ɗaya ya cika shekara 80.

A dandamali ba a tsare shi a hali ɗaya ba. Ya taka rawar Götz von Berlichingen na Goethe, jarumin nan mai hannun ƙarfe da zafin kai, ya kuma taka rawar Adam, alƙalin ƙauye a wasan fasasshen tulu na Kleist, wanda ya zauna yana shari'ar laifin da shi kansa ya aikata, yana ƙarya a kan ƙarya har asirinsa ya tonu a gaban kotunsa. Wanda ya san shi a matsayin kakan Heidi kawai ba zai zaci zai iya zama wannan mugun tsoho mai ban dariya ba. A 1962 aka ba shi zoben Hans Reinhart, babbar lambar girmamawa ta wasan kwaikwayo a ƙasar. Matsalar ita ce wasan dandamali yana ƙarewa da rufe labule, fim kuwa yana nan ana maimaita shi a talabijin, saboda haka abin da ya rage a idon 'yan baya shi ne ɓangaren aikinsa mafi ƙunci. A nan na yarda da Malama Rakiya kan fim, amma ba kan sana'arsa gaba ɗaya ba.

Batun harshe kuwa shi ne babban ƙalubalen kowane ɗan wasa ɗan Suwizalan. A gida da kasuwa da ofis mutane karin harshensu suke yi, kuma kowace jiha da nata, har mai sauraro yakan gane ɗan Bern daga ɗan Zurich ko ɗan Basel tun daga jimlar farko. Daidaitaccen Jamusanci a makaranta ake koyonsa, kuma a dandamali akwai ƙa'idar furuci mai tsauri wadda Theodor Siebs ya tsara tun 1898. Ɗan wasan da yake son aiki a Berlin ko Vienna ko Munich sai ya goge duk alamar garinsu daga bakinsa, in kuma ya dawo fim ɗin gida sai ya dawo da ita cikakkiya, in ba haka ba 'yan kallo su ce yana yi musu iyayi. Ƙasar kuma ƙarama ce, mutanenta a lokacin yaƙi ba su wuce miliyan huɗu da 'yan kai ba, wani kaso daga cikinsu ma Faransanci ko Italiyanci suke yi, don haka fina-finan da ake shiryawa a shekara ba su isa su riƙe ɗan wasa ba. Albashin gidan wasa, da aikin rediyo, da fina-finan Jamus da Malama ta raina, su ne suke cike giɓin.

Ba kowa ne ya tsira a wannan tsari ba. Max Haufler, ɗan Basel da aka haifa a 1910, ya fara a matsayin darakta mai basira, ya shirya Farinet a 1939, amma bayan farkon shekarun 1940 bai ƙara samun mai zuba kuɗi a babban fim nasa ba. Ya koma yana fitowa a matsayin ɗan yawo ko mashayi ko mutum mai ƙiba abin dariya, har Orson Welles ya sa shi a fim ɗin da ya shirya daga littafin Kafka a 1962. Ya yi shekaru yana neman kuɗin da zai shirya fim daga wani littafi na Otto F. Walter bai samu ba, kuma a 1965 ya kashe kansa. Emil Hegetschweiler kuwa, abokin aikin Gretler a Cornichon, asalinsa mai sana'ar kek da alawa ne, yana da shagon shan shayi a Zurich, kuma ya daɗe yana haɗa shagon da wasa.

Safiya ta amsa:

Iyayena da yayyena, ina so in ƙara abu ɗaya a kan maganar Malama Rakiya, domin 'yan fim ɗin Suwizalan da kansu sun dawo kan wannan batu daga baya, kuma da irin wannan ɗan wasan suka yi amfani. Mathias Gnädinger, wanda aka haifa a 1941 a ƙauyen Ramsen na jihar Schaffhausen, kusa da iyakar Jamus, ya fara da koyon aikin jera haruffa a maɗaba'a kafin ya shiga wasa, kuma shi ma kakkaura ne mai siffar talakan ƙauye, irin wanda da a zamanin Gretler yake da an ba shi rawar manomin kirki. Amma a Das Boot ist voll na Markus Imhoof, wanda ya fito a 1981, shi ne mai masaukin ƙauye da 'yan gudun hijira suka ɓuya a gidansa a 1942. Ba mugu ba ne, ba kuma gwarzo ba ne. Da farko tsoron hukuma da son zaman lafiyarsa suka rinjaye shi, daga baya tausayi ya kama shi ya yi ƙoƙarin taimaka musu, a lokacin da taimakon bai isa ya hana a mayar da su iyaka ba. Sunan fim ɗin ma daga kwatancen da wani ministan tarayya, Eduard von Steiger, ya yi a 1942 aka ɗauko shi, inda ya kamanta ƙasar da ƙaramin jirgin ceto da ya cika.

Gnädinger ya sake fitowa a matsayin direban babbar mota a Reise der Hoffnung na Xavier Koller, labarin wani iyali daga Turkiyya da suka yi yunƙurin tsallaka duwatsu su shiga Suwizalan, fim ɗin da ya ci kyautar Oscar a 1991. A 2004 kuma ya taka rawar Hermann Göring a Der Untergang, inda wani ɗan Zurich, Bruno Ganz, ya taka rawar Hitler. Gnädinger ya rasu a 2015, shekarar da aka fitar da sabon fim ɗin Heidi, kuma a wannan karon Ganz ne aka bai wa rawar kakan.